Ni Na Goge Gasarku, Abba

Gyaɗi-Gyaɗi, Kano
Lahadi, bayan la'asar

Ɗana Abba,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka gaisuwar uba, ina roƙon Allah Ya kai ka Abuja lafiya gobe, Ya tsare ka daga sharrin hanya, da sharrin ƙarfe, da direban da yake ganin shi kaɗai aka shimfiɗa wa kwalta. Allah Ya sa aikin nan da ka samu ya zame mana alheri baki ɗaya.

Na san za ka yi mamakin wasiƙa daga mutumin da bango ɗaya ne tsakanin ɗakinsa da naka. Sau uku a makon nan ina kiranka da niyyar magana, sau ukun ina ɓigewa da tambayar ko ka sayi dutsen guga. Ka ce ka saya. Na sake tambaya, ka sake cewa ka saya, har Ummanka ta fara yi mini kallon wanda tsufa ya soma taɓa wa kai. Kakata Iya, wadda ta raine mu da tatsuniya, idan labari ya yi mata nauyi sai ta bi da shi ta bayan gari, ta tsaya gaida kowa a hanya, har barci ya kwashe mu ba ta iso ba. Ita na gado. Amma motarka ƙarfe bakwai za ta tashi daga Unguwa Uku, ba ni da lokacin zagaye. Ka karanta yanzu da na miƙa maka, kada ka bari sai a mota.

Ba Yohanna ne ya goge gasarku ba. Ni ne.

Wata uku ke nan ba ka yi wa Yohanna ɗan Malam Dauda magana ba, abokinka tun kuna aji ɗaya a firamare, saboda kana ganin shi ya share gasar ƙwallon kwamfuta da kuka shekara huɗu kuna bugawa a shagona, ku goma sha biyu. Idan ka hau motar nan gobe a haka, na san halinka, na kuma san nasa: shi ke nan. Don haka ka yi fushin da za ka yi da ni, amma ka yi shi kana karatu. Kuskuren ba ɗaya ba ne, kuma ina so ka tafi da su duka, ko za su hana ka yin irinsu.

Ni mutumin tafireta ne. Shekara ashirin da wani abu ina buga wa mutane takardu a shagon nan kafin ka lallaɓe ni mu jera kwamfutoci huɗu na gem. A aikin tafireta, idan shafi ya ɓaci fizge shi kake yi, ka dunƙule, ka zura sabo. Ba ka rasa komai ba sai takarda ɗaya, don abin da kake kwafa yana nan a gefenka. Da wannan hannun na shigo zamaninku. Ban taɓa zama na fahimci cewa a cikin kwamfuta, sau da yawa shafin da ka fizge shi ne na asalin ba.

Ranar Alhamis ɗin da abin ya faru, ka tafi karɓo takardar ɗaukar aikinka. Washegari bayan an sauko daga masallaci za a buga wasan ƙarshe, kai da Yohanna, kana gabansa da maki biyu. Bayan azahar na kunna kwamfuta ta uku, ta kusa da taga, wadda gasar take ciki, don in tabbatar da lafiyarta. Sai na ji tsit. Babu muryar mai sharhi, babu ihun 'yan kallo, 'yan wasan kuma suna jan ƙafa kamar waɗanda suka ƙoshi da tuwon rana. Wani ya taɓa saiti. Na sha ganinka kana gyara irin wannan: ka shiga nan, ka danna can, komai ya koma daidai. Lambarka tana kaina, wayata tana aljihu. Ban kira ba. So nake ka dawo in ce maka, ina kallon titi, "Af, ta ɗan yi gardama ɗazu, na gyara ta."

Na shiga inda na ga kana shiga. Layi biyu na tarar, ɗaya a kan ɗaya, Turancinsu kusan iri ɗaya. Sai daga baya na gane cewa na saman saiti kawai yake mayarwa yadda ya zo daga kamfani, sauti da hoto da makamantansu. Na ƙasan kuwa har ajiya yake kwashewa, wato duk wasannin da aka buga aka adana. Tabarauna na baro shi a gida a kan rediyo. Na ce a raina, na ƙasan nan ya fi tsawo, shi zai fi gyarawa sosai.

Na danna shi, kwamfutar ta tambaye ni ko na tabbata. Na ce e. Ta fito da wani akwati mai jan rubutu ta sake tambaya. Abba, a duniyar nan ba wanda yake tambayata sau biyu kafin ya bar ni in yi wauta. Ummanka ma sau ɗaya take yi, ta ɗaga kafaɗa. Har haushin injin na ji. Na ce wannan wane irin raini ne, na danna da ƙarfi.

Sauti ya dawo raɗau. Mai sharhi ya buɗe murya. Na gyara zama ina murmushi ni kaɗai. Sai na nemi teburin gasa don in ga sunanka a sama, na tarar da fili fetal. Ƙungiyoyin da kuka haɗa da sunayen mutanen unguwa duk sun tafi. Garba Tela da kuka sa a gola saboda tumbinsa, babu shi. Ni kaina da kuka ba lamba biyar, kuka yi mini gemu har ƙirji, babu ni. Wasu baƙin sunaye ne suka cike wurarenmu, kamar ba mu taɓa zama a garin ba.

A inda za ka, za a zaunar da kai gaban injinan da ba ka sani ba, kuma kunyar tambaya za ta kama ka, don kai ne sabo kuma an ce ka iya. Ka tambaya. Idan abu ya tambaye ka sau biyu, mutum ne ko na'ura, ka janye hannunka ka sake karantawa, in ba ka gani sosai ka kira mai gani. Kuma ka kiyayi gyaran da kake yi don a ce ka iya. Ni ba sautin ne ya dame ni ba ranar. Yabonka nake kwaɗayi.

Za ka ce to filashi fa? Shuɗin nan da ka ɗaura wa jan zare, wanda kake kwafe ajiyar gasa a ciki duk Asabar, ka ba ni in riƙa sa shi a aljihun teburina. Shi ma ni ne. Mako biyu kafin nan wata Hajiya daga Unguwar Gano ta zo a kwafa mata hotunan walimar saukar karatun 'yarta, nata filashin ya ƙi karɓa. Tana tsaye, mai adaidaita yana yi mata hon. Na jawo aljihu na ɗauko naka. Kwamfuta ta ce babu wuri, na share abin da ke ciki ban ko duba ba, na zuba mata hotuna. Washegari ta aiko da shi, ita ma ta share nata don ladabi. Na mayar da shi mazauninsa, da jan zarensa, kamar ba a yi ba. Kai kuma Asabar biyu kana zirga-zirgar neman aiki, ba ka kwafa ba, shi ya sa ba ka lura ba.

Abin da aka ba ka ajiya ba ya zama naka don ya daɗe a aljihun teburinka. In za ka taimaki wani, ka taimake shi da abinka. Abin da kuma ba ka son rasawa, ka kwafe shi wuri biyu, kuma kada ɗayan ya kasance a hannun tsoho mai son a gode masa.

Ka san abin da na yi da na ga filin nan? Na turo ƙofar shago, na ɗauki fad, abin nan mai maɓallai da kuke riƙewa kuna buga wasa, a karon farko a rayuwata, wai zan mayar da komai kafin ka dawo. Na shigar da sunaye huɗu da yatsa ɗaya, ina zufa. Na ce bari in buga wasa ko ɗaya ne, teburin ya samu abin nunawa. Kwamfuta ta ci ni bakwai, ɗaya daga ciki ni na zura wa kaina. A nan na gane shekara huɗu ba ta buguwa da yatsa tsakanin la'asar da magariba. Sai na share sunaye huɗun nan, don kada a ga sawuna. Gogewar farko rashin sani ne, ta filashi ganganci. Wannan kuwa da sanina na yi ta, kuma ita ta fi hana ni sakat.

Ranar Juma'a kana wurin, amma bari in gaya maka yadda na gan ta daga kujerata. Shago ya cika har bakin kwata. Ka kunna ta uku. Na ga ƙeyarka ta sandare. Ka jawo aljihun tebur, ka soka filashi, ka daɗe kana kallo. Sannan ka juyo.

"Wa ya taɓa ta uku?"

Ina zaune da carbi a hannu. Tsakanina da kai bai fi taku uku ba.

Garba Tela ya ce, "To su wa ke da mukulli? Kai, da Baba, sai wa?"

Ba wanda ya ko kalle ni. Wa zai zargi tsohon da bai san maɓallin harbi ba? Ido duk ya koma kan Yohanna, da ka ba mukulli tun bara don ya riƙa buɗewa in ba ma nan.

Ka ce, "Maki biyu ne fa, Yohanna. Maki biyu! Da ka roƙe ni ai da na bar maka."

Ya ce, "Abba, ni kake gaya wa haka?"

"Har filashi? Wannan ba kuskure ba ne, shiri ne."

Daga can baya wani ya ce, "Dama irinsu sai a hankali." Na ji. Kai ma ka ji. Shekara talatin Malam Dauda yana Tarauni tun da aikin koyarwa ya kawo shi daga Kudancin Kaduna, rabin waɗanda ke tsaye a wurin shi ya koya musu lissafi, amma aka faɗi wannan a shagona, aka wuce.

Yohanna ya ciro mukullin daga zobensa da haƙori, don hannun hagunsa ba ya iya wannan aikin, ya ajiye a gabana. Ya ce, "Baba, ga amanarku."

Na ce, "To."

Abin da na ce ke nan, Abba. To.

Yanzu ga abin da fushi ya hana ka gani. Tun faɗowar da Yohanna ya yi daga mangwaro kuna aji huɗu, yatsu biyu ne kawai ke motsi a hannun nan nasa. Wa ya zauna da shi kusan mako biyu, kullum bayan la'asar, yana matsar masa da maɓallai ɗaya bayan ɗaya, gudu ya koma nan, canjin ɗan wasa ya koma can, har ya iya buga wasa da hannun dama da ɗan taimakon hagu? Kai ne. Ina ji kuna musu, kuna dariya, kuna sakewa. Wannan saitin nasa a cikin ta uku yake, ba a rubuce yake a ko'ina ba, kuma tare da gasar ya tafi. Ku goma sha ɗaya kun rasa maki. Shi ya rasa wasan ɗungurungum. Mutum zai share abin da in babu shi ba zai iya riƙe fad ba, don maki biyu? Duk ranar da aka yi ɓarna ranka ya ɓaci, kafin ka nuna wani da yatsa ka tsaya ka duba wa ya fi kowa asara a ciki. Kada kuma ka yanke wa mutum hukunci a tsakiyar taro. Taro ba gaskiya yake jira ba, kallo ya zo yi, tunda an fasa wasa sai ya kalli wannan.

Za ka tambaye ni me ya rufe mini baki. Ranar farko na ce mutane sun yi yawa. Washegari na ce bari zuciya ta huce. Da aka kwana bakwai na ce ai yara ne, za su shirya da kansu. Kuka fara sabuwar gasa ku goma sha ɗaya, na ce ka gani, ya wuce. Bai wuce ba. Yaran layi suka sa wa Yohanna suna Magogi, suna kira in ya gifta. Malam Dauda, da duk takardar da zai buga a duniya nan yake kawowa, ya koma yana takawa har Daurawa. Mun haɗu a bakin titi sau biyu, muka gaisa gaisuwar mutanen da suka haɗu a layin asibiti. Kowace safiya maganar tana ƙara nauyi, ni kuma ina ƙara tsufa a ƙarƙashinta. Gaskiyar dalilin ita ce wannan: tun kana ƙarami kake cewa Babana ba ya ƙarya, na sha jin ka kana faɗa wa abokanka. Na ji tsoron kallon da za ka yi mini. Sai na bar ɗan mutane ya ɗauki kayana don in ci gaba da zama mutumin kirki a idonka.

Idan ka yi kuskure a wurin aiki, ko a gidan da za ka kafa nan gaba in Allah Ya yarda, ka faɗa a ranar, kafin rana ta faɗi. A ranar ne yake ƙarami. Da na buɗe baki ran Alhamis, da abin da zai faru bai wuce ka yi kwana biyu kana kumbura fuska ba, Garba Tela ya samu abin tsokanata har ƙarshen rayuwata.

Jiya da hantsi na sa hula na tafi Tarauni. Na tarar da Malam Dauda a tsakar gida yana gyaran ƙafar kujera. Ya yi mini maraba, ya sa aka kawo ruwa, ya kira Yohanna da na ce da shi nake son magana. Na faɗi komai yadda na faɗa maka, ban rage ko filashi ba. Malam Dauda ya ajiye guduma a hankali. Yohanna kuwa ko motsi bai yi ba.

Ya ce, "Baba, ai na sani."

Na ce, "Ka san me?"

"Ranar Alhamis na zo da la'asar in ɗan motsa hannu kafin wasa. Na ga ƙofa a ture, na leƙa ta taga. Na gan ku da fad, an ci ku bakwai. Na ga teburin gasa babu sunayenmu. Sai na juya."

"Ka sani, ka tsaya aka yi maka abin da aka yi?"

"To Baba, a gaban mutane in ce uban Abba ne? A gaban Abba? Na ɗauka za ku faɗa da kanku. Na ba ku kwana ɗaya a raina. Sai na ba ku mako. Daga nan na daina ƙirgawa."

Abba, na kai shekara sittin da biyar, ban taɓa neman inda zan sa fuskata na rasa ba sai jiya. Yaron da na ga ranar da aka fara kai shi makaranta ya rufa mini asiri wata uku, ana kiransa Magogi a titi, ni ina zaune a shago ina jan carbi.

Malam Dauda ya dube ni. Sannan ya ce, "Malam Inuwa, ni da kai mun tsufa, tamu mai sauƙi ce. Na yafe nawa. Na yaran nan ne ban san yadda za a yi ba."

Na juya wajen Yohanna na ce ya yafe mini. Ya ce ya yafe tun ranar, gem ne. Na samu ƙarfin gwiwa na ce to jibi Abba zai tafi, ko zai zo tasha ku yi sallama? Ya sunkuyar da kai.

Ya ce, "Baba, wanda ya goge ban riƙe shi ba. Zargin ma zan iya cewa zafin rai ne. Amma da aka ce irinsu, Abba yana tsaye, ya ji, bai ko juya ba. Wannan ba ku kuka yi ba."

Na kawo maka maganar yadda ya faɗe ta, ban sassauta ba. Nawa laifin na ɗauka, kuma ban gama ba: na gaya wa Garba Tela ya tara mini duk wanda yake wurin ranar, gobe bayan la'asar, a shagon, in faɗa da bakina a inda na yi shiru, in kuma tambayi mai maganar nan su waye irinsu. Amma wancan shirun naka ne. Ba zan iya zuwa in ba da haƙurinsa a madadinka ba, ko da na so. Duk inda ka je, idan aka ci mutuncin naka a gabanka da abin da bai shafi rigimarku ba, ka juya, ko da a lokacin kai da shi ba kwa ga maciji da juna. Ku gama taku daga baya.

Malam Dauda ya rako ni har bakin titi. Ya ce Yohanna shida da rabi yake fita aiki, shi kuma zai sa a zare sakatar ƙofa tun ƙarfe shida. Iyakar abin da ya ce ke nan. Yohanna bai ce zai saurare ka ba, ni ma ban yi maka alkawarin komai ba. Mai yiwuwa ka yi sallama ya fito ya wuce ka. Ka je duk da haka, kuma kada ka fara da labarina, ya riga ya san shi. Ka fara da naka.

Jakarka ka bar mini ita. Ni zan kai ta Unguwa Uku in kama maka kujera, in zauna a kanta. Idan motar ta cika ba ka iso ba, zan sauke jakar ta tafi abinta, mu jira ta gaba. Abuja ba za ta gudu ba. In ka iso ba ka son yi mini magana, ka karɓi jakarka kawai, na fahimta. Amma ta hanyar Tarauni nake so in hango ka kana tahowa.

Allah Ya tsare ka a tafiyarka da zamanka, Ya haɗa ka da mutanen kirki, Ya sa ka gane su tun suna kusa. Allah Ya yi maka albarka, Ya yi wa Yohanna, Ya shirya tsakaninku. Ni kuma Ya yafe mini, kai ma in ka samu hali ka yafe.

Wassalam.

Mahaifinka,
Inuwa